Byron Kennedy: Furodusan da ya yi direban likita don ya haɗa kuɗin Mad Max

Duk wanda ya taɓa zaman gidan kallo a zamanin kaset ɗin bidiyo, da wuya a ce bai ci karo da Mad Max ba. Ɗan sanda ne cikin baƙar rigar fata, da baƙar mota mai gurnani, ga 'yan daba a kan babura, ga hanya ta miƙe cikin fili babu gida gaba babu gida baya. Idan ka tambaya wa ya fito a ciki, nan take za a ce maka Mel Gibson. Masu bin harkar fim sosai za su ƙara maka da sunan darakta, George Miller. Amma mutum na uku, wanda ya nemo kuɗin, ya samo motocin, ya share kwalta bayan an tashi daga aiki, sannan ya zauna ya haɗa sautin fim ɗin da hannunsa, ba kowa ya riƙe sunansa ba.

Sunansa Byron Kennedy, ɗan ƙasar Ostareliya. Shekara 33 kawai ya yi a duniya, kuma finafinai biyu ne suka yi masa suna. Duk da haka, yau sama da shekara 40 da mutuwarsa, sunansa ne a gaba a jikin ɗaya daga cikin manyan kamfanonin fim na ƙasar.

An haife shi a birnin Melbon ranar 18 ga Agustan 1949. Tun yana saurayi abu biyu ne suka shiga ransa, mota da kyamara. Yana ɗan shekara 18 ya buɗe wani ɗan ƙaramin kamfani da ya kira Warlok Films, yana ɗaukar gajerun finafinai irin na masu koyo. A 1970 wani gajeren fim nasa mai suna Hobson's Bay, a kan wata unguwar bakin teku ta Melbon, ya ci gasar Kodak ta ƙasa. Wannan ne ya buɗe masa ƙofa.

A 1971 aka shirya wata bitar koyon fim a Jami'ar Melbon, kuma a nan ya haɗu da George Miller. Shi Miller ɗan baƙi ne, iyayensa daga Girka suka zo, ya tashi a wani ƙaramin gari da ake kira Chinchilla a jihar Queensland, kuma likitanci ya karanta a Sidni. Likita ne da fim ya hana shi sukuni. Kennedy kuwa mutumin inji ne da lissafi, wanda ya san kyamara ciki da waje, ya kuma san nawa kowane abu zai ci. Jininsu ya haɗu. A shekarar suka yi wani gajeren fim, Violence in the Cinema, Part 1, wanda ba'a ce ga yawan zubar da jini a finafinai, amma shi kansa jinin ne fal a cikinsa. An nuna shi a bikin finafinai na Sidni, wasu suka yaba, wasu suka ji ƙyama, an dai san da zamansu.

To, sai a dubi halin da harkar fim take ciki a ƙasar lokacin. Ostareliya ba baƙuwa ba ce a sana'ar, domin tun 1906 aka yi The Story of the Kelly Gang a Melbon, wanda ake lissafa shi a matsayin dogon fim na farko a duniya. Amma daga baya finafinan Amurka da na Ingila suka mamaye gidajen silima, har sana'ar gida ta kusa mutuwa murus. Sai a 1970 gwamnati ta kafa hukumar ba da tallafi, a 1973 aka buɗe makarantar fim ta ƙasa, a 1975 kuma aka kafa sabuwar hukumar fim mai ƙarfi. Kuɗin gwamnati ya farfaɗo da sana'ar, ba a musu. Sai dai masu rabon kuɗin suna da irin abin da suke so: labaran tarihi, matan da suka sha dogayen riguna irin na da, finafinai masu natsuwa da za a kai bukukuwan Turai ba tare da jin kunya ba, irin su Picnic at Hanging Rock na 1975. Labarin 'yan daba suna murƙushe juna da mota ba ya cikin wannan sahu.

Kennedy bai tsaya jiran a ce masa a'a ba. Ya yanke shawarar ba za su ɗora fim ɗinsu a kan kuɗin hukuma ba. A ganina wannan ita ce shawara mafi girma da ya yanke a rayuwarsa ta furodusa, kuma duk abin da ya biyo baya daga nan ya samo asali. Wanda ya ba ka kuɗi, ai shi zai gaya maka yadda za ka kashe su.

Su biyun suka rubuta takardar neman masu zuba jari mai shafi 40, suka riƙa bin mutane ɗaya bayan ɗaya, kowa ya sa abin da zai iya. Su ma suka nemi nasu kason ta wata hanya da har yau ake ba da labarinta. Wata uku suka yi suna aikin amsa kiran gaggawa na marasa lafiya a gidaje: Kennedy ne direba, Miller ne likita. A kira su, Kennedy ya ja mota, Miller ya shiga ya duba mara lafiya, a biya su, su zuba a asusun fim. Gaba ɗaya abin da aka tara bai wuce dalar Ostareliya 350,000 zuwa 400,000 ba.

Labarin fim ɗin ma daga titi ya fito. Miller ya yi aiki a sashen gaggawa na asibiti a Sidni, ya ga abin da mota take yi wa jikin ɗan Adam. A 1970 kaɗai mutum 3,798 ne suka mutu a haɗuran hanya a Ostareliya, ƙasar da mutanenta ba su kai miliyan 13 ba a lokacin. Abin ya yi muni har jihar Victoria, inda Melbon take, ta zama wuri na farko a duniya da ya tilasta ɗaura bel a mota, a ƙarshen wannan shekarar. Sai kuma ga ƙarancin man fetur na 1973, inda aka ga yadda masu hankali suke komawa wasu iri a layin gidan mai. Wani ɗan jarida, James McCausland, shi ya taya Miller rubuta labarin, ya shigo da wannan ɓangaren: me zai faru idan mai ya yanke, hukuma ta yi rauni, hanya ta koma hannun mai ƙarfi?

An fara ɗauka a ƙarshen 1977 a ƙauyukan da ke kewaye da Melbon, kuma tun a kwanakin farko aka shiga uku. Jarumar da aka zaɓa ta fito a matsayin matar Max ta yi haɗarin babur ta karye, tare da Grant Page, shugaban masu yin wasan kasada na fim ɗin. Dole aka nemo wata, Joanne Samuel, aiki ya tsaya na kwanaki. Miller, wanda bai taɓa jan ragamar dogon fim ba, ya sha faɗa daga baya cewa wahalar ta kusa sa shi ya bar sana'ar baki ɗaya.

A irin wannan wuri ne ake gane amfanin furodusa. Darakta yana tunanin hoto ne, furodusa kuwa shi ne mai gayya mai aiki, shi zai san inda abincin rana zai fito, da wanda za a lallasa ya yi haƙuri da kuɗinsa zuwa wani mako. Kennedy ya yi ta dabaru. Kamfanin Kawasaki ya ba da babura kyauta. Wasu daga cikin 'yan wasan da suka fito a 'yan daba, tun daga Sidni suka tuƙo baburan zuwa Melbon, tafiyar kusan kilomita 900, saboda babu kuɗin jirgi, kuma kafin su iso sun riga sun zama gungun da ake so su zama. Aka ɗauko wata ƙungiyar masu babura ta gaske don cika sahu. Yawancin rigunan 'yan sandan da kake gani suna ƙyalli kamar fata, roba ce. Gilasan kyamarar da aka ɗauki fim ɗin da su kwance ne, tsofaffin da aka yi aiki da su a wani fim na Amurka, The Getaway, aka bar su a Ostareliya. Hanyoyi kuwa da farko ba tare da cikakken izini suke tare su ba, su yi abin da za su yi da sauri, in an gama Kennedy da Miller su tsaya su share fasassun gilasai da ƙarafa. Daga baya 'yan sandan jihar suka ga abin ya burge su, suka koma suna taya su tare hanyar.

Shi kuma jarumin, Mel Gibson, yaro ne ɗan shekara 21 da ya fito daga makarantar wasan kwaikwayo ta Sidni, babu wanda ya san shi. Baƙar motar nan da ta zama tambarin fim ɗin, Ford Falcon ce ta 1973 da aka yi wa kwaskwarima, kuma zaɓenta da fasalinta harka ce irin ta Kennedy, mai son mota tun yarinta. Da aka gama, saboda tsabar rashin kuɗi, sai aka bar wa makanikin da ya yi aikinta ita a madadin haƙƙinsa. Da za a yi fim na biyu sai da aka je aka sayo ta.

Aikin tacewa ya ci kusan shekara. Babu kuɗin ci gaba da hayar situdiyo, don haka a wani gida suka tare da wata na'urar yanka fim da mahaifin Kennedy, wanda injiniya ne, ya haɗa musu. Miller yana yanka hoto, Kennedy yana haɗa sauti. Mai karatu, in ka sake kallon fim ɗin, ka rufe ido na minti ɗaya ka saurara. Rabin tsoron da ke cikinsa daga kunne yake shiga: rurin inji, ƙarar taya, da shirun da yake zuwa gab da karo. A bikin ba da kyaututtukan fim na ƙasar na 1979, Mad Max ya ci kyautar sauti, kuma sunan Kennedy yana cikin waɗanda suka karɓa. Ba kasafai ake ganin furodusa a wannan layi ba.

Fim ɗin ya fito ranar 12 ga Afrilun 1979, kamfanin Roadshow ne ya rarraba shi a cikin gida, Warner Bros. kuma ya ɗauke shi zuwa mafi yawan ƙasashen waje. Masu sharhi da dama sun yi masa kaca-kaca. Phillip Adams, wanda shi ma furodusa ne kuma yana cikin waɗanda suka yi fafutukar farfaɗo da sana'ar, ya rubuta suka mai zafi yana ganin fim ɗin guba ne ga matasa. New Zealand da Sweden suka hana nuna shi. Kuma gaskiya ba za a ce masu sukar ba su da hujja ba, fim ne mai tashin hankali, ba na kallo da yara ba. Kyautar gwarzon fim ta shekarar ma My Brilliant Career aka ba, wato irin finafinan nan masu natsuwa da hukuma take so.

Amma 'yan kallo ba su nemi shawarar kowa ba. A Ostareliya kaɗai ya tara sama da dala miliyan 5. A Japan ya yi kasuwa ta ban mamaki, haka a Turai. Adadin da aka fi ambata na abin da ya samu a duniya shi ne kimanin dalar Amurka miliyan 100, kuma ya daɗe yana riƙe da suna a matsayin fim ɗin da ya fi kowane riba idan aka auna da abin da aka kashe masa, sai a 1999 The Blair Witch Project ya karɓe wannan matsayi.

Inda abin ya yi ciwo shi ne Amurka. Kamfanin da ya sayi izinin nuna shi a can, American International Pictures, ya ga cewa Amurkawa ba za su gane Turancin Ostareliya ba, sai ya cire muryoyin 'yan wasan ya ɗora na Amurkawa, kamar dai yadda ake ɗora wa finafinan Indiya muryar Hausa, sai dai nan daga Turanci ne zuwa Turanci. Abin dariyar, shi Mel Gibson a jihar New York aka haife shi, yana ɗan shekara 12 iyayensa suka koma Ostareliya, amma shi ma sai da aka canza masa murya. Fim ɗin bai yi wani tasiri ba a can, kuma sai bayan shekara 20 Amurkawa suka samu damar jin sa da muryoyinsa na asali.

Yanzu kuɗi ya zo, kuma da yake jarin na 'yan kasuwa ne da nasu, ba su da wani ubangida da za su je su yi wa bayani. Holiwud ta buɗe musu ƙofa. Da yawa daga cikin 'yan fim ɗin Ostareliya na wannan zamani sun bi ta wannan ƙofar, wasu ba su dawo ba. Kennedy da Miller suka zauna a gida. Suka koma Sidni, suka sayi wani tsohon gidan silima mai suna Metro a yankin Kings Cross, suka mayar da shi hedikwatar kamfaninsu, Kennedy Miller, da ofis da wurin ɗauka duk a ciki.

Mad Max 2 shi ne fim ɗin da suka so yi tun farko amma aljihu bai bari ba. An kashe masa kimanin dalar Ostareliya miliyan 4.5, fiye da ninki goma na na farkon. An ɗauke shi a 1981 a hamadar da ke kusa da garin Broken Hill mai ma'adinai, cikin sanyin hunturu, aka gina katafaren sansanin tace mai a tsakiyar fili, aka kuma tarwatsa shi da nakiya a gaban kyamara. Ya fito a Disamban 1981. A wannan karon Warner Bros. ne ya kai shi Amurka, da sunan The Road Warrior tunda mutanen can ba su san na farkon ba, kuma ba a taɓa muryar kowa ba. Ya samu karɓuwa wurin 'yan kallo da masu sharhi baki ɗaya. Duk wani fim ko wasan kwamfuta da ka gani na bayan rushewar duniya, da mutane cikin tsumma da ƙarafa suna faɗa a kan mai ko ruwa, to akwai bashin wannan fim a kansa.

Abin da Kennedy ya yi bayan nan shi ne ya fi nuna irin kan da yake da shi. Maimakon ya ci gaba da tatsar saniya ɗaya, sai ya juya zuwa talabijin, kuma ya ɗauko batun da ya fi kowane zafi a siyasar ƙasar. Ranar 11 ga Nuwamban 1975 Gwamna Janar John Kerr, wakilin Sarauniyar Ingila, ya sauke zaɓaɓɓen Firaminista Gough Whitlam daga mulki. Raunin bai warke ba, yawancin waɗanda abin ya shafa suna raye, amma Kennedy Miller suka mayar da labarin wasan kwaikwayo mai dogon zango, The Dismissal, wanda tashar Network Ten ta nuna a Maris ɗin 1983. Jama'a suka kalla sosai. Mutanen da ake yi wa kallon masu fasa motoci sai ga su suna koya wa ƙasa tarihinta. A wurin wannan aiki ne kuma kamfanin ya kafa salonsa na tara marubuta da daraktoci da 'yan wasa a ɗaki ɗaya su yi ta bita kafin a kunna kyamara.

Wata huɗu bayan haka, ranar 17 ga Yulin 1983, Kennedy yana tuƙa jirginsa mai saukar ungulu a saman tafkin madatsar ruwa ta Warragamba, yamma da Sidni, sai jirgin ya faɗi. Wani yaro matashi da ke tare da shi ya tsira. Kennedy bai tsira ba. Saura wata ɗaya ya cika shekara 34.

Miller ya yi rashin da ya fi na abokin kasuwanci. Shekara 12 suna tare, kusan duk wata shawara tare suke yanke ta. Ya sha bayyana cewa zuciyarsa ba ta kan Mad Max na uku, ya yi shi ne don ya samu abin da zai ɗauke masa hankali daga baƙin ciki, har sai da ya ɗauko George Ogilvie suka raba aikin darakta. Fim ɗin, Mad Max Beyond Thunderdome, ya fito a 1985 da mawaƙiya Tina Turner a ciki, kuma a ƙarshensa akwai ɗan gajeren rubutu na sadaukarwa ga Byron. Masoya Mad Max da yawa suna ganin shi ne mafi sanyi a cikin ukun, kuma ni ma ina wannan layi: motocin sun ragu, haukan ya ragu. Ko rashin Kennedy ne ya jawo, ko kuwa neman 'yan kallo masu ƙananan shekaru, kowa da nasa ra'ayin.

Gidan da ya gina dai bai rushe ba. Daga tsohon gidan silimar nan aka fitar da Bodyline a 1984, a kan rikicin wasan kurket tsakanin Ostareliya da Ingila, sai Vietnam a 1987, sai Dead Calm da Bangkok Hilton a 1989, ayyukan da suka ɗaga wata yarinya mai suna Nicole Kidman har Holiwud ta gan ta. A 1995 suka yi Babe, labarin ɗan alade mai kiwon tumaki, wanda ya shiga takarar Oscar a rukuni 7. Happy Feet na 2006 ya ci Oscar na finafinan zane. Tun 1984 kuma ake ba da wata kyauta da sunan Byron Kennedy ga masu ƙirƙira a harkar fim da talabijin na ƙasar. Wanda ya fara karɓa shi ne Roger Savage, injiniyan sautin da suka yi Mad Max tare, daga baya irin su Jane Campion da Baz Luhrmann suka karɓa.

Kujerar furodusa kuwa Doug Mitchell ne ya gaje ta a hankali, mutumin da ya shigo kamfanin ta ɓangaren lissafin kuɗi. A 2009 aka ƙara sunansa, kamfanin ya koma Kennedy Miller Mitchell. Ba a cire sunan mamacin ba, ba a kuma mayar da shi baya ba.

Su ne suka yi Mad Max: Fury Road na 2015. An so a koma Broken Hill, sai ruwan sama mai yawa ya sauka, hamadar ta yi kore shar da furanni, dole aka kwashe motoci zuwa Namibiya aka ɗauka a can a 2012. Fim ɗin ya ci Oscar 6, biyu daga ciki na sauti ne. Amma a wannan karon kuɗin na Warner Bros. ne, kuma a 2017 sai da kamfanin Miller ya maka su a kotu a Sidni a kan wani ladan dala miliyan 7 da ya ce an hana shi. Rigimar ta jinkirta fim na gaba na shekaru. Da Furiosa ya fito a 2024, an kashe masa sama da dalar Amurka miliyan 160, kuɗin da zai yi irin Mad Max na farko sau ɗaruruwa, kuma abin da ya samu a gidajen silima da ƙyar ya haura abin da aka kashe.